Yadda Cakulan 4 Zai Ishi Yara 40 Ranar Walima



Duk macen da ta taɓa riƙe rabo a gidan suna ko walimar sauka ta san inda gizo ke saƙar. Shinkafa da miya sukan zaga, masa ma takan kai. Rigimar tana wurin kayan zaƙin yara. Kin yi lissafin yara 20, kafin azahar sun zama 50, domin a Mafara ko Bakura ko Maradun ba a kai wa yaro katin gayyata. Ya ji guɗa ya shigo, kuma ba a korar ɗan maƙwabci. Yaron da rabo bai kai kansa ba zai koma gida da hawaye. Uwarsa ba za ta ce miki komai ba, amma kin san ta riƙe.

Cakulan kuwa shi ne abin da yaranmu suka fi ɗoki, kuma shi ne abin da aljihu ya fi tsoro. Idan kika ce kowane yaro sai ya samu sanda guda a hannunsa, kuɗin zai iya cinye na nama. Akwai wata hanyar. Sanda 4 kacal, idan kika yanyanka su kika binne a cikin faranti ɗaya na burawuni, yara 40 za su ci, kuma kowannensu zai tarar da nasa guntun cakulan a tsakiyar yankansa. Yau abin da za mu koya ke nan, tun daga sayayya har zuwa rabo, ko kina da oben ko ba ki da shi.

Mene ne burawuni?

Ɗan'uwan kek ne, sai dai shi ba ya tashi sosai. Launinsa ƙasa-ƙasa ne mai duhu, samansa da ɗan ɓawo mai sheƙi, cikinsa da laushi da ɗan danƙo. Daga Amurka ya fito. Ana danganta asalinsa da otal ɗin Palmer House da ke birnin Shikago, inda a 1893 Bertha Palmer ta nemi masu girkin otal ɗin su yi wani abin zaƙi da za a iya sakawa a ƙunshin abincin matan da suka zo babban baje kolin duniya na shekarar, wanda za a ci da hannu ba tare da ɓata jiki ba. Kin ga ke nan tun farko don taro aka yi shi.

Abin da ya sa ya dace da mu a bayyane yake. Ba ya neman injin buga ƙwai, muciya ko ludayin katako ya isa. Ba ya neman kwalliyar kirim da zafi zai narkar. Ana yin sa a faranti ɗaya a yanka, ba sai kin zauna kina cika ƙananan gwangwanaye ɗaya bayan ɗaya ba. Sannan yana kwana lafiya, har ma ya fi daɗi washegari.

Dalilin tsadar cakulan

Ana yin cakulan da ƙwayar koko, ba kokonmu na safe da ƙosai ba, wata bishiya ce ta ƙasar kurmi. Madatsar ruwan Bakolori, wadda aka kammala a 1978 a kan Gulbin Sakkwato, ta ba mu shinkafa da kayan lambu a Mafara da Bakura da Maradun, amma koko ba ya yi a ƙasarmu. A Nijeriya sai jihohi irin su Ondo da Osun da Kuros Riba. Fiye da rabin wanda duniya ke amfani da shi daga Kwaddibuwa da Gana yake fitowa. Da rashin kyawun yanayi da cututtukan bishiya suka rage amfanin gonakin waɗannan ƙasashe biyu, sai farashin tan ɗaya ya haura dala 10,000 a 2024, alhali an daɗe ana sayar da shi tsakanin dala 2,000 zuwa 3,000. Ki haɗa wannan da faɗuwar darajar naira, za ki gane dalilin da mai shago ya ƙara kuɗi, wani kamfanin kuma ya rage girman sandar. Don haka daidai ruwa daidai tsaki: mu sayi kaɗan, mu sa dabara ta yalwata shi.

Kayan haɗi na faranti ɗaya, yanka 40

Farantin gashi mai tsawon santimita 33 da faɗin 23 ake so. Idan babu, faranti biyu masu zagaye, kowanne faɗinsa kamar santimita 23, za su ɗauki wannan ƙullun. Kofin awo shi ne mai cin mililita 240 zuwa 250. Idan da ƙaramin gwangwanin madarar ruwa kike awo, gwangwani ɗaya da rabi ya yi kusan kofi ɗaya.

Bota: kofi 1
Sukari: kofi 1 da rabi
Ƙwai: 4
Garin cakulan marar sukari: kashi uku cikin huɗu na kofi
Fulawa: kofi 1
Bekin fauda: rabin cokalin shayi
Gishiri: kwatan cokalin shayi
Filebo na banila: cokalin shayi 1
Cakulan na sanda: 4, kowanne kimanin giram 50

Kada ki yi mamakin ƙarancin fulawar, haka ake so. Idan kika ƙara don ya yi auki, zai fito a bushe kamar burodin jiya. Aukin yana wurin yanka.

Idan mutum 120 kike jira, faranti uku za ki yi: ƙwai 12, bota kofi 3, sukari kofi 4 da rabi, fulawa kofi 3, garin cakulan kofi 2 da kwata, sanda 12. Ko rabin kiret na ƙwai ba ki cinye ba.

Garin cakulan marar sukari ba kowane shago ke ajiye shi ba. Ki tambaya wurin masu sayar da kayan kek tun da wuri, idan babu ki ba da sautu Gusau ko Sakkwato, tunda Mafara tana kan hanyar da ta haɗa su. Idan ya gagara, Milo ko Bournvita za su iya tsayawa, amma ki sani su akwai sukari da madara a cikinsu. Sai ki sa kofi 1 da rabi, ki rage sukarin zuwa kofi 1, kuma launin ba zai yi duhu kamar na ainihi ba.

Idanunki a kan kwali

Ranar Talata idan kika shiga kasuwar Mafara, ko kika aiki maigida, abu huɗu za a duba kafin a biya kuɗi.

Na farko, ranar ƙarewar aiki da lambar NAFDAC. Cakulan mai arha fiye da kima sau da yawa wanda ya kusa ƙarewa ne.

Na biyu, jikin sandar. Man koko yana narkewa da zafin da bai kai na jikin mutum ba, wajen digiri 34, mu kuwa a watannin Maris zuwa Mayu zafi yakan haura 40. Saboda haka cakulan ɗin da ya zauna a rumfa ya narke ya sake daskarewa yakan yi fari-fari a sama. Wannan farin shi kaɗai ba lalacewa ba ce, mai ne ya taso, kuma yana yin gashi lafiya. Amma idan ledar ta huje, ko kin ji warin tsohon mai, ko kin ga ƙwari, ki bar shi.

Na uku, abin da aka haɗa. Wasu cakulan na ƙasashen waje ana sa musu giya ko jelatin da ba a faɗi asalinsa ba. Ki sa wanda ya iya Turanci ya karanta miki. Filebo ma wani na ruwan akwai barasa a cikinsa, na gari ya fi kwanciyar hankali.

Na huɗu, ko akwai gyaɗa. Snickers da gyaɗa ake yin sa. Mars da Twix suna da narkakken sukari mai danƙo, KitKat kuma yana da ɓawon biskit mai ƙaras-ƙaras. Duka suna yi, haka ma ƙananan cakulan na madara da ake sayarwa a kwali, ki dai tara su kai giram 200. Maganar gyaɗa za mu dawo kanta.

Yadda ake haɗawa

Ki fara da wanke hannu da sabulu, ki ɗaure kai, ki goge wurin aiki. Ki yanka sandunan da sanyin safiya kafin su yi laushi, kowace sanda gida 10, ki samu guntaye 40. Ki rufe su ki ajiye a firiji ko kusa da randa.

Ki shafa wa farantin bota, ki shimfiɗa takardar gashi idan kina da ita. Idan babu, ki barbaɗa ɗan garin cakulan ki kaɗe. Kada ki shimfiɗa jarida ko takardar littafin makaranta, tawadarsu ba abinci ba ce.

Ki narkar da botar a wuta kaɗan. Tana narkewa ki sauke, ki zuba sukari tun da ɗuminta, ki juya kamar minti biyu. Wannan ne ke ba da ɓawon nan mai sheƙi.

Ki bari ya huce har ki iya sa yatsa ba ki ji zafi ba. Sannan ki fasa ƙwai ɗaya-ɗaya a wani kofi daban kafin ki zuba, domin lokacin zafi ƙwai ɗaya da ya lalace zai jawo miki asarar kwano guda. Ki buga sosai na minti biyu zuwa uku har ya yi sheƙi, ki sa filebo.

Ki tankaɗe fulawa da garin cakulan da bekin fauda da gishiri tare, ki zuba a kai. Daga nan a hankali za ki juya. Da zarar kin daina ganin farin fulawa ki tsaya. Yawan juyawa bayan an sa fulawa yana sa shi tauri.

Ki zuba a faranti ki baje da bayan cokali. Ga sirrin rabon: ki jera guntayen cakulan layi-layi, 8 a tsaye, 5 a kwance, ki danna kowanne ya nutse, ki ja ɗan ƙullu ki rufe shi. Idan kika watsa su haka kawai, wani yaron zai samu uku, wani ko ɗaya, rigimar da kike gudu ta dawo. Kada guntun ya taɓa gefen faranti, musamman mai danƙon sukari, zai ƙone ya manne.

Gashi: oben, tukunya ko gidan burodi

Mai oben ta kunna shi minti 10 kafin ta saka, a kan digiri 180, ta gasa minti 25 zuwa 30.

Wadda ba ta da shi, ko wutar lantarki ta yi halinta, babbar tukunya mai murfi ta isa. Ki zuba gishiri ko yashi mai tsabta kaurin yatsa biyu a ƙasanta, ki ɗora ƙarfen murhu ko gwangwanaye uku marasa fenti don farantin ya zauna a sama. Ki rufe ta yi zafi minti 10 zuwa 15, sannan ki saka. Garwashi kaɗan a ƙasa, mafi yawa a kan murfi. Wutar ƙasa ce ke ƙona gindi alhali tsakiya ɗanye ne. Kada ki buɗe kafin minti 20, kuma idan kin buɗe ki juya farantin don ya gasu daidai.

A nan zan yi miki magana da bakin aikina na jinya. Ki san inda aka ɗebo yashin. Mu 'yan Zamfara ba mu manta 2010 ba, lokacin da gubar dalma daga niƙan duwatsun zinariya a cikin gidaje ta kashe yara fiye da 400, mafi yawa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum. Duk yashi ko ƙasar da ta fito daga kusa da inda ake haƙa ko niƙa ko wanke zinariya, kada ta shigo madafinki, wanki ba ya fitar da dalma. Idan kina shakka ki yi da gishiri, ki ajiye shi a gwangwani, zai yi miki gashi sau da yawa. Sannan gawayi a tsakar gida ake hura shi. Iskar da yake fitarwa ba ta da launi ba ta da wari, kuma tana kisa a rufaffen ɗaki, ko da lokacin hunturu ne.

Idan faranti uku ko fiye za ki yi, ki yi lissafin lokaci. Da tukunya ɗaya da ƙananan faranti, gashi shida ne, ya fi awa uku. Ki fara bayan sallar asuba, ki riƙa haɗa ƙullun faranti-faranti, kada ƙullu mai ƙwai ya zauna cikin zafi yana jiran layi. Ko kuma ki yi magana da masu gidan burodin unguwa su saka miki bayan sun kwashe burodi, lokacin da wutar ta lafa. Ki gaya musu minti nawa ne, don su da gashin burodi suka saba.

Yadda za ki gane ya yi: gefe ya ɗan janye daga faranti, sama ya bushe ya ɗan tsage. Ki soka tsinke a tsakanin layukan cakulan. Idan ya fito da ruwan ƙullu, ki ƙara minti biyar. Idan ya fito da 'yan ɓurɓushi masu damshi, ki sauke nan take. Idan kika jira tsinke ya fito fes kamar na kek, kin wuce wuri.

Sai haƙuri. Ki bar shi ya huce a cikin farantinsa aƙalla awa biyu, a rufe da kyalle mai tsabta ko matankaɗi saboda ƙuda. Sauri ya haifi nawa: mai yanka da zafi dagargaje shi take yi. Ki yanka da wuƙa mai kaifi, kina goge ta bayan kowane layi, ki bi tsakanin guntayen nan, ki fitar da 40.

Kafin ki miƙa wa yaro

Na yi miki lissafin sukarin. Kofi ɗaya da rabi giram 300 ne, sandunan kuma sun ƙara kimanin giram 100. Idan aka raba gida 40, kowane yanka yana da kusan giram 10, wato cokalin shayi biyu da rabi. Hukumar Lafiya ta Duniya a 2015 ta ba da shawarar kada sukarin da ake ƙarawa a abinci ya kai kashi 10 cikin 100 na ƙarfin abincin yini, kuma ya fi kyau ya tsaya ƙasa da kashi 5, wanda ga babban mutum kimanin cokalin shayi 6 ne. Ke nan yanka ɗaya ya ishi yaro. Inda matsala take shi ne a haɗa masa da lemon kwalba, wanda shi kaɗai zai iya kai cokali 8 ko fiye. Ki ba su ruwa mai tsabta, ko zoɓo mai ɗan sukari kaɗan. A ba su bayan sun ci abinci, da dare kuma a wanke baki.

Yaron da bai kai shekara biyu ba, a bar shi da nono da abincinsa, ba ya bukatar ƙarin sukari. Wanda bai kai shekara biyar ba, kada a ba shi mai ƙwayar gyaɗa, tana iya sarƙe shi ta faɗa hanyar numfashi. Kuma kowane ƙaramin yaro a zaune zai ci, ba yana gudu a tsakar gida ba.

Akwai yaran da jikinsu ba ya karɓar gyaɗa ko ƙwai ko madara. Idan kin yi amfani da cakulan mai gyaɗa, ko kin ƙara soyayyar gyaɗa don auki, ki ware farantinsa da wuƙarsa, ki kuma faɗa wa iyaye. Idan bayan ci kika ga leɓe ko fuskar yaro ta kumbura, ko ƙuraje sun feso, ko yana numfashi da ƙyar, a tafi asibiti mafi kusa nan take. Ba a jira a ga ko zai lafa, ba a ɗura masa manja ko madara. Gyaɗar da za ki ƙara kuma ki tsince ta da kyau, duk wadda ta yi fumfuna ko ta canja launi ki zubar, gubarta tana taɓa hanta kuma wuta ba ta kashe ta.

Kada ki bar yara su lashe kwanon ƙullu. Ɗanyen ƙwai da ɗanyar fulawa suna iya ɗauke da ƙwayoyin cutar da ke sa gudawa da amai. Ki gasa musu ɗan kaɗan a gwangwani su ɗanɗana.

Su Hajiya da Baba masu ciwon sukari kuma kada ki matsa musu da "ko ɗan kaɗan ne". Ki tanadar musu abin da ya dace da su, kamar dafaffen ƙwai ko gasasshen nama, don kada su zauna suna kallo.

Ajiya da tafiya

Ki gasa ana gobe taro. Sai ya huce sarai za ki rufe, domin idan kika ƙulla shi da ɗumi a leda zai yi gumi, da damina kuma fumfuna ba ta jira. Ki jera a roba mai murfi, ki sa takardar gashi tsakanin hawa da hawa. Da hunturu yana kwana uku lafiya idan murfin ya kama, iska ce kawai ke busar da shi. Da bazara kada ya wuce kwana biyu in ba a firiji ba.

Idan daga Mafara za ki kai shi biki Bakura ko Maradun, yin sa tun jiya zai ba ki damar fita da hantsi ki dawo da rana tsaka, kamar yadda yanayin hanyoyinmu ya koya mana. Ki riƙe robar a cinya ko ƙarƙashin kujera, kada a sa ta a but ko inda rana ke duka.

Ranar rabo, ki ba mutum ɗaya amanar faranti, mai wankakken hannu, ta riƙa ɗauka da cokali. A zaunar da yara a tabarma a bi su layi, ƙanana farko. Ki ɓoye yanka 10 a ɗaki, don na san kin sani, bayan la'asar sai wata ta shigo da 'ya'ya uku tana ba da haƙurin makara.

Kafin babbar rana ki gwada rabin awon nan, ƙwai 2 da sanda 2, ki ga halin tukunyarki da wutarki. Wadda ta gwada ta gaya mana minti nawa nata ya ɗauka da irin cakulan ɗin da ta samu a garinsu, sauran 'yan'uwa su ƙaru. Allah ya sa albarka a taronmu, ya raya mana zuri'a, ya ba jiharmu zaman lafiya.